Richard Grenville, Diyuk Na Ƙarshe A Gidan Stowe

Ran nan ina koyad da tarihi a aji uku, muka zo kan yadda a ke mulkin Ingila, sai wani ɗalibi daga can bayan aji ya ɗaga hannu. Ya ce tun da ya ke gidan Sarkin Ingila sunansa Fadar Bakingham, shin akwai wani Sarkin Bakingham ne da aka ƙwace wa gidan, in kuwa akwai, ina zuriyarsa su ke yau? 'Yan aji suka fashe da dariya. Ni ban yi dariya ba, gama tambayar ta fi ƙarfin 'yar amsar da na ba shi a lokacin. Na yi masa alkawari zan rubuto amsa sosai cikin mujallarmu, ga shi kuwa Allah ya nufa na cika.

Akwai sarauta mai wannan suna, ana ce da ita Diyuk na Bakingham. Sau huɗu aka ƙaga ta, aka ba gida huɗu dabam dabam, duka huɗun kuwa ta mutu a hannunsu. Mai riƙe da ita na gidan fari Sarki Henry na Takwas ya sa aka sare masa kai a 1521. Ta gida na biyu ta ƙare a 1687, ta na uku a 1735. Wani daga cikin gida na uku ɗin nan, John Sheffield, shi ya gina gida a Landan a 1703, Sarki Joji na Uku ya saye shi a 1761, aka yi ta ƙara masa gini har ya zama fadar da mu ke jin labari. Saye aka yi, babu ƙwace. Gida na huɗu shi ne abin zancenmu, musamman mutumin da sarautar ta ƙare a kansa a 1889.

Kafin in kai gare shi sai in bayyana wani abu, in ba haka ba labarin ba zai shiga kunne ba. A ƙasarmu in sarki ya rasu, masu zaɓen sarki su kan zauna su duba 'ya'yansa da ƙannensa da 'ya'yan sarakunan da suka gabata, da wuya ƙwarai a rasa wanda za a naɗa. A Ingila babu zaɓe. Sarautun gado na manyansu hawa biyar ne: Baron, sa'an nan Baikaunt, da Eral, da Makwis, na ƙoli shi ne Diyuk. Ran da Sarki ya ba mutum ɗaya daga cikinsu, sai a rubuta takardar naɗi a faɗi ta inda za ta bi, galibi kuwa abin da a kan rubuta shi ne 'ya'ya maza na aure da suka fito daga tsatson mutumin, babba kafin ƙarami. Mata ɗaya a ke aure. Ɗan riƙo ba ya gado, agola ba ya gado, 'ya mace ba ta gado sai in an rubuta sunanta tun farko. Ran da maza suka ƙare, sarauta ta ƙare, ko da gidan cike ya ke da jikoki. Har wa yau ku lura, Diyuk na Bakingham ba ya mulkin Bakingham. Ba shi da alkali, ba ya karɓar haraji. Ƙarfinsa yana ga gonakin da ya mallaka ya ke ba manoma haya, da kujerarsa a Majalisar Manya, da wakilan da ya ke iya turawa Majalisar Wakilai daga garuruwan da ke ƙarƙashin inuwarsa.

Asalin gidan makiyaya ne. Wani Peter Temple, mai kiwon tumaki da cinikin ulu, ya karɓi hayar wani wuri mai suna Stowe a 1571, ɗansa ya saye wurin a 1589. Turawa su kan faɗi sunan kusan kamar yadda mu ke cewa sito, ku riƙe wannan, za mu komo kansa. A 1611 Sarki James yana neman kuɗi, sai ya ƙago wata ƙaramar sarautar gado wai ita Baronet, ya sa mata kuɗi fam 1,095, jikan makiyayin nan ya biya ya karɓa. Wanda ya fid da gidan sarari sosai soja ne, Richard Temple, da ya yi yaƙi da Faransa ya zama Baikaunt Cobham a 1718. Shi ya tara magina da masu shirya lambu mafi gwaninta a zamaninsa, suka mai da filin Stowe abin kallo, da tafkuna na haƙa da gadoji da ɗakunan dutse birjik cikin itatuwa, har baƙi suna zuwa daga ƙasashen Turai don su gani.

Cobham ya rasu a 1749 bai bar ɗa ba. Amma da ya ke mai hangen nesa ne, tun ran naɗi ya sa aka rubuta cewa in ya rasa ɗa, sarautarsa ta bi ta kan 'yan'uwansa mata. Saboda haka Stowe ta faɗa hannun 'yar'uwarsa Hester, matar wani Grenville na Wotton, ƙauye ne nan kusa. Daga nan gidan ya zama Temple-Grenville. 'Ya'yan Hester da jikokinta suka riƙe siyasar Ingila kamar gadonsu. Ɗanta George Grenville ya zama Firayim Minista, shi ne ya ɗora wa mutanen Amurka harajin hatimi a 1765, abin da ya hura wutar rigimar da ta kai su ga ɓallewa. 'Yarta ta auri William Pitt babba, ta haifi William Pitt ƙarami, su ma duka biyu Firayim Minista. Jikanta William Grenville kuwa shi ne Firayim Ministan da ya tura dokar hana fataucin bayi ta 1807 har ta wuce majalisa, dokar da ta taɓa bakin tekunmu fiye da ko wace doka ta wancan zamani.

To, ga yadda sunan ya yi ta tsawo. Jikan Hester na wajen babban reshe ya auri 'yar Eral Nugent, magajiyar gonaki a Ailan, aka ƙara Nugent, ya zama Makwis na Bakingham a 1784. Ɗansa ya auri Anne Eliza Brydges a 1796, ita kaɗai ce 'yar Diyuk na Chandos, wanda sarautarsa ta mutu a 1789 don rashin ɗa namiji. Aka ƙara Brydges, aka ƙara Chandos. Sunan gida ya zama Temple-Nugent-Brydges-Chandos-Grenville, sai ka numfasa a tsakiya kafin ka kai ƙarshensa. Cikin sunayen nan biyar, huɗu mata ne suka shigo da su, tare da gonakinsu da gidajensu da azurfarsu. Anne Eliza ma jinin sarauta gare ta, ta fito daga zuriyar ƙanwar Henry na Takwas, shi ya sa aka riƙa raɗa wa 'ya'ya maza na gidan Plantagenet, sunan tsohuwar zuriyar sarakunan Ingila. A rufin wani ɗakin littattafai na Stowe an zana tambarin gidajen da suka haɗa jini da su, guda 719.

Mijin Anne Eliza ba abin da ya ke so a duniya kamar a kira shi Diyuk. A 1822 ya samu, ta hanyar ciniki: ya ba gwamnatin Lord Liverpool ƙuri'un mutanensa na majalisa, Sarki Joji na Huɗu ya naɗa shi Diyuk na Bakingham da Chandos. A lokacin jika ɗaya gare shi ta wajen ɗansa, mace ce. Sai ya roƙa aka haɗa masa da wata sarautar, Eral Temple na Stowe, aka rubuta cewa ita wannan tana iya bi ta kan jikar tasa. Ta Diyuk kuwa aka bar ta ga maza kaɗai. Shekara ta kewayo, ran 10 ga Satumba 1823, aka haifi jika namiji, aka raɗa masa Richard Plantagenet Campbell. Kowa ya ɗauka an huta da wannan damuwa.

Yaron ya taso cikin daula wadda tushenta bashi ne. Kakansa ya ci bashi har sai da ya rufe Stowe a 1827 ya shiga jirgin ruwansa ya yi ta yawo a tekun Bahar Rum wajen shekara biyu, wai don rage kashe kuɗi. Ya rasu a 1839. Barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe, Diyuk na biyu ya fi ubansa. Mutum ne mai kwarjini a wurin manoma, har suna kiransa abokin manoma, don ya tsaya kai da fata a kan dokar da ta hana shigo da hatsi mai araha daga waje, ya bar kujerar minista a 1842 saboda ita. Kafin wannan ya shugabanci ƙungiyar masu gonakin rake na Yammacin Indiya da ke jayayya da 'yanta bayi, gama gidan na da gandu mai suna Hope a Jamaika, da bayi a ciki, gadon Chandos. Ku duba fa: ƙanen kakansa ya hana fataucin bayi, shi kuwa yana kāre masu riƙe da su. Abin da ya kashe shi dai shi ne sayen ƙasa. Ko ina ya ji ana sayad da gona cikin lardin sai ya ranto kuɗi ya saya, alhali kuɗin ruwan da ya ke biya ya fi hayar da gonar ke kawowa. Ko ɗalibin aji ɗaya ya san inda wannan lissafi zai kwana. Ban da wannan ga mata a waje, ga ado, ga rundunar mahaya da ya ke yi wa tufafi daga aljihunsa.

Akwai wata dabara da manyan gidajen Ingila ke yi don kada mashashanci ɗaya ya cinye gado. A kan ɗaure ƙasar da takarda, uba ya ci amfaninta muddin ransa, amma ba shi da ikon sayarwa ko jinginarwa sai magajinsa ya cika shekara 21 ya yarda ya sa hannu. Richard ya yi karatu a Iton da Oksfod, ya cika 21 a 1844. Uban ya kawo takardu, ɗan ya sa hannu. Na daɗe ina tunanin wannan wuri. Da ya ƙi, doka tana bayansa, masu bin bashi su yi ta fama da uban, shi kuwa ya jira gadonsa ya same shi cif. Yaro ne, uba kuwa uba ne, bai kuma san zurfin ramin ba tukuna. Wannan sa hannu shi ya shata masa sauran rayuwarsa.

A watan Janairu 1845 Sarauniya Biktoriya da mijinta suka sauka a Stowe kwana uku. Diyuk ya sāke kayan ɗakuna, ya jera manomansa da mahayansa a hanya mil bayan mil, aka kunna fitilu, aka yi shagalin da ba a taɓa gani ba a lardin, duka da kuɗin aro. Shekara biyu da rabi bayan haka, a watan Agusta 1847, ma'aikatan kotu suka shiga gidan suka kama kaya. Bashin ya wuce fam miliyan ɗaya nesa, a zamanin da leburan gona ba ya samun fam ɗaya a mako. A shekarar nan aka mayad da dukan ƙadarori hannun Richard tare da dukan bashin, yana da shekara 23.

Ran 15 ga Agusta 1848 aka fara gwanjo cikin gidan kansa, kamfanin Christie ke buga guduma. Kwana 40 aka yi ana yi. Jama'a suka yi ta ɓarkowa daga Landan, waɗansu don saye, da yawa don kallo kawai, suna taka ɗakin da Sarauniya ta kwana. Aka sayad da zane-zane, da kwanonin azurfa, da tangaran, da gadaje, har giyar da ke cikin rumbun ƙasa. Ku da ke karanta wasannin Shekispiya, hoton nan nasa da ku ke gani a bangon littattafai, mai ɗan kunne a kunnen hagu, daga bangon Stowe aka sauke shi. Eral na Ellesmere ya saye shi, a 1856 ya ba da shi kyauta ga sabon gidan ajiye hotunan manyan mutane na Landan, shi ne abu na fari da aka rubuta cikin littafinsu. Da aka gama aka ƙidaya, abin da aka samu bai wuce wajen fam 75,000 ba, ko kashi ɗaya cikin goma na bashin bai kai ba. Stowe ta zama sito na gaske, siton da aka kwashe.

Sai aka koma kan ƙasa. Aka sayad da gidansu na Landan, da Avington, da gonakin Ailan, da na Somerset, da yawancin na lardin Bakingham ɗin kansa. Gidan da ya taɓa mallakar eka fiye da 50,000 ya komo wajen eka 10,000. Richard ne ya yi ta sa hannu a kan takardun sayarwa, yana sayad da abin da da shi zai gāda, uban kuwa yana gefe yana zarginsa da cin amana. Uwarsa ta rabu da uban a 1850. Tsohon ya koma zaman haya a Landan, yana buga tsofaffin wasiƙun gidansu littafi littafi don ya sami na kashewa, har ya rasu a 1861 a masaukin baƙi na tashar jirgin ƙasa ta Paddington.

A nan ne halin Richard ya bayyana, abin da ya sa na ga ya cancanci a rubuta labarinsa cikin mujallar masu koyon aikin malanta. Ɗan Diyuk a wancan zamani ba ya aikin albashi, abin kunya ne. Shi kuwa ya nema. Yana wakiltar garin Bakingham a majalisa tun 1846, ya riƙe ƙaramin muƙami a Baitulmali a 1852, sa'an nan a 1853, yana da shekara 30, aka zaɓe shi shugaban kamfanin reluwe na Landan da Arewa maso Yamma, wanda jiragensa ke tashi daga tashar Euston zuwa Bamingham da Libaful da Mancesta, kamfanin da ya fi ko wane girma a ƙasar a lokacin. Mai yiwuwa sunansa suka so da fari. Abin da suka samu shi ne mutum mai zuwa ofis, mai bin lissafi layi layi, mai son sanin yadda inji ke aiki. Ya riƙe kujerar har 1861. Aurensa ma ya saɓa wa al'adar gidan: a 1851 ya auri Caroline Harvey, 'yar wani mai gona na lardinsu, wadda ba ta zo da sarauta ko sabon suna da za a liƙa ba. Suka zauna a Wotton, tsohon gidan Grenville, suna tsimi. Ta haifa masa 'ya'ya uku, Mary da Anne da Caroline.

Da uban ya rasu ya zama Diyuk na uku. Sannu a hankali ya buɗe Stowe, ya gyara rufi, ya sayo waɗansu kayan da aka watsar in ya same su, ya ci gaba da biyan mutanen da ke bin ubansa har ya sallami mafi yawansu. Bai yi fice wajen magana a majalisa ba, ba a kuma tuna shi da wata babbar dabara ta siyasa. Mutum ne na aiki, irin wanda a kan ba kujera in ana so a ga takardu sun tafi daidai. A 1866 ya shiga majalisar ministoci, daga Maris 1867 zuwa Disamba 1868 kuwa shi ne Sakataren Ƙasashen Mulkin Mallaka, ƙarƙashin Lord Derby da Disraeli. A zamaninsa tarayyar Kanada ta tsaya ran 1 ga Yuli 1867, a zamaninsa kuma aka karɓi ƙasar Basuto, wadda a ke kira Lesoto yanzu, ƙarƙashin tutar Ingila a 1868 bisa roƙon sarkinta Moshoeshoe. Ikko tana cikin ƙasashen da ke ƙarƙashin ofishinsa, Glover na riƙe da ita, amma ikon Turawa bai wuce bakin teku ba, Sarkin Musulmi Ahmadu Rufa'i na zaune a Sakkwato ba ruwansa da wani Sakatare.

Son jirgin ƙasa bai bar shi ba. A 1871 ya shimfiɗa ɗan ƙaramin layin dogo cikin gonakinsa na Wotton, wajen mil shida, da fari dawaki ke jan taragun, don manomansa su kai madara da hatsi tasha su kawo gawayi da taki. Abin dariya, daga baya layin ya faɗa hannun kamfanin jiragen ƙarƙashin ƙasa na Landan, har ƙauyen Brill ya shiga lissafin tashoshinsu, kafin a rufe shi a 1935.

Matarsa ta rasu a 1874. Shekara ta gaba ya karɓi Gwamnan Madaras a kudancin Indiya, garin da a ke kira Cennai tun 1996, ya tafi da 'ya'yansa. Albashin Gwamna ba kaɗan ba ne ga mai biyan bashi. Bai daɗe da sauka ba damina ta ƙi a 1876, ta sāke ƙi a 1877, aka shiga yunwa mafi muni da ƙasar ta gani a ƙarnin. Gwamnatinsa ta sayi hatsi a asirce ta ajiye don ranar tsanani, ta buɗe ayyukan da mayunwata za su yi a biya su. Babban Gwamnan Indiya, Lord Lytton, bai so haka ba. Ra'ayinsa shi ne kada gwamnati ta sa hannu cikin kasuwar hatsi, kada kuma a kashe kuɗi da yawa. Ya tsawata wa Madaras, ya aiko da wani babban ma'aikaci, Sir Richard Temple, ya rage abincin masu aikin agaji zuwa laba ɗaya ta hatsi a yini da 'yan kuɗi kaɗan, ga mutumin da ke haƙa ƙasa tun safe. Babban likitan tsabta na Madaras, Cornish, ya yi ta jayayya cewa wannan ba ya riƙe rai, har aka ƙara daga baya, bayan mutane da yawa sun mutu a sansanonin aiki. Shi wannan Temple dangin Stowe ne na nesa ta wajen mace, ɗansa kuwa shi ne C. L. Temple da ya yi Razdan a Bauci, ya riƙe Jihar Arewa daga 1914 zuwa 1917.

A watan Agusta 1877 Diyuk ya shugabanci taron jama'a a Madaras, aka aika da kuka kai tsaye zuwa ga mutanen Ingila, abin da bai yi wa Lytton daɗi ba ko kaɗan. Magajin Garin Landan ya buɗe asusu, aka tara kusan rabin miliyan na fam. Cikin ayyukan agajin har da haƙa magudanar jiragen ruwa da ta haɗa kogunan garin biyu, aka sa wa dukan magudanar sunan Bakingham, sunan da ta ke amsawa har yau. Ba zan wanke shi sarai ba. A shekarun nan ne aka fara gina sabon gidan Gwamna a kan duwatsun Uti masu sanyi, inda manyan Turawa ke gudun zafi, mutane kuwa na faɗuwa a hanya a ƙasa. Waɗanda yunwar ta kashe a Indiya sun wuce miliyan 5 ko a lissafin gwamnati, kaso mai yawa a lardinsa. Abin da zan iya cewa shi ne, cikin manyan da ke riƙe da ƙasar a lokacin, yana cikin waɗanda suka ja wajen a ciyad da mutane, ya kuwa sha faɗa saboda haka.

Ya komo gida a ƙarshen 1880. Yanzu bashi ya yi sauƙi, Stowe na da rufi da kaya, sunan gidan da ya zama abin ba'a a jaridu ya komo da mutunci, har a 1886 Majalisar Manya ta zaɓe shi shugaban kwamitocinta. Abu ɗaya ya rage, wanda aiki da tsimi ba su sayensa. Ba shi da ɗa, ba shi da ƙane, ubansa ma shi kaɗai ne namiji wurin kakansa. Duk duniya babu wani namiji da ya fito daga tsatson Diyuk na fari ta wajen maza sai shi. A 1885, yana da shekara 61, ya sāke aure, ya auri Alice Graham-Montgomery, wadda ya girme ta nesa. Ba wanda bai gane abin da a ke fata ba. Allah bai kawo haihuwa ba. Ya rasu a Landan ran 26 ga Maris 1889, aka kai shi Wotton aka binne cikin kakanninsa.

Sai aka buɗe takardun naɗi ɗaya ɗaya, ko wace sarauta ta bi abin da aka rubuta mata. Ta Diyuk ta mutu, shekara 67 bayan ƙaga ta. Ta Makwis ta mutu, haka ta Eral Nugent da tsohuwar Eral Temple. Waɗanda suka tsira su ne waɗanda aka buɗe wa ƙofar mata. Eral Temple na Stowe ta tafi ga ɗan yayarsa, William Gore-Langton, bisa ga abin da kakan ya roƙa a 1822. Baikaunt Cobham ta tsallaka zuwa gidan Lyttelton, zuriyar ɗaya 'yar'uwar sojan nan, bisa ga takardar da aka rubuta shekara 171 da suka wuce. Akwai kuma wata tsohuwar sarautar Sikotilan, Kinloss, wadda Diyuk ya tabbatad da haƙƙinsa a kanta a gaban majalisa a 1868. Dokar Sikotilan ta yarda mace ta gāje ta, saboda haka babbar 'yarsa Mary ta zama Uwargida Kinloss. Sarautun nan uku suna nan da masu riƙe da su. Gidan da mata suka ɗauko tun daga garken tumaki suka kai shi ƙoli, babbar sarautarsa ta faɗi don magadan da suka rage mata ne.

Stowe ta zama ta Mary, amma gida mai ɗakuna ɗaruruwa ya fi ƙarfin abin da gonakin da suka rage ke kawowa. Ta ba da shi haya ga Kwant na Faris, jikan Sarkin Faransa na ƙarshe, wanda ke gudun hijira, ya zauna ciki har ya rasu a 1894. Babban ɗanta, wanda a ke sa ran zai riƙe gidan, aka kashe shi a yaƙin duniya na fari a watan Disamba 1914. A 1921 aka sāke yin gwanjo, wannan karo har da gidan, aka sayad da shi fam 50,000. Takardun gidan na shekaru ɗaruruwa suka ƙetare teku, suna wani ɗakin karatu a Kalifoniya. An yi tsoron za a rushe ginin a sayad da duwatsunsa, kamar yadda aka yi wa manyan gidaje da yawa a shekarun nan, sai waɗansu masu niyyar kafa makaranta suka saye shi. A watan Mayu 1923 aka buɗe makarantar kwana ta Stowe da yara maza 99, shugabanta na fari J. F. Roxburgh. Lambun kuwa tun 1989 yana hannun ƙungiyar kula da kayan tarihi ta ƙasar, kowa na iya biya ya shiga. Makarantar tana nan, yanzu har da 'yan mata, ɗalibai suna cin abinci a babban zauren da aka yi wa Sarauniya Biktoriya liyafa.

Ɗalibina na bayan aji, in ka karanta wannan ka zo ofishina ran Litinin bayan darasi na biyu, akwai taswirar lardin Bakingham da na samo, in nuna maka inda Stowe da Wotton su ke.